Inda Na Binne Ƙafar Bappa

Wanda ya ba mu aron Bappa ya karɓi abinsa ranar Talata da hantsi. Daga wurinsa muka fito, can kuma za a tattara mu, har da mai wannan rubutu.

Bappa ƙanin mahaifina ne. Shi ya riƙe ni tun ina ɗan shekara shida, da ubana ya rasu. Tela ne a unguwar Bagadaza ta Gombe, kuma wanda bai san sunansa ba ma ya san zauren nan da ƙarar keken ɗinki ba ta yankewa, da tsohon nan mai ƙafa ɗaya da baki kamar almakashi.

Kowa a gidanmu ya san wasiyyarsa. Ya ce a sa shi a gindin dogonyaron da ke gefen maƙabarta, inda aka binne ƙafarsa shekara goma sha shida da suka wuce. Ni aka ba ƙafar na binne, don haka ni na raka masu haƙa, ni da babban ɗansa, ƙanina ke nan, wanda yake aikin gwamnati. Za mu fita, Inna, matar Bappa, ta kira shi ta miƙa masa sabon ƙyallen alawayyo. Ba ta yi kuka ba. Ta ce, "In an tono ƙasusuwan, a naɗe a nan a sa masa a gefe. Ya tafi da abinsa."

Masu haƙa suka ajiye diga suka bi da fartanya a hankali, kada su fasa ƙashi. Suka kai gwiwa. Suka kai ƙugu. Babbansu ya ɗago ya share gumi ya ce, "Malam, ƙasar nan ba a taɓa tona ta ba. Dubi yadda take a dunƙule."

Ƙanina ya juyo wurina, ni yayansa. "Hamma, ko ba nan ba ne?"

Na ce, "Nan ya ce a sa shi. Ku ci gaba."

Ya ninke ƙyallen ya sa a aljihu. Bai ƙara ce min komai ba har yau.

An yi jama'a. Ban zaci mutumin da ba shi da sarauta ba shi da mota zai tara mutane haka ba. Mahauta, leburorin tasha, malaman makaranta, teloli har daga unguwar Malam Inna. Maƙwabcinmu tsohon soja, Batangale ne Kirista, mai hannu ɗaya, da aka yi sahu a ƙofar gida ya koma gefe ya ƙame. Hawaye na zuba bai share ba, don hannun da zai share da shi yana riƙe da sandar Bappa.

A zaman makoki kuwa maganar ramin ce a bakin kowa. Wani ya ce gara ta cinye. Wani dattijon mahauci ya ce gara ba ta cin ƙashi, shi ya san ƙashi. Sai wani ya gyara rawani ya ce ai ba abin mamaki ba ne, ƙafar bawan Allah ce, an ɗauke ta tuntuni, ta riga shi shiga. Aka yi ta kabbara. Kafin sadakar uku zancen ya kai kasuwa. Shekaranjiya na je ziyara na tarar da wani mutum da ban sani ba yana ɗibar ƙasar gindin bishiyar a ƙyalle, wai zai jiƙa wa uwarsa mai ciwon gwiwa.

Shi ya sa na ɗauki biro. Karatuna na yaƙi da jahilci ne, a yi haƙuri da shi. Ba a ɗauke ƙafar Bappa zuwa ko'ina ba. Ba ta taɓa shiga wurin nan ba. Ni na yi ƙarya, kuma Bappa ya ce ni zan faɗa da kaina bayan ya tafi. Amma ina son a fara sanin wanda na yi wa ƙaryar.

Bai taɓa rubuta awon mutum ba. Zai dube ka sau ɗaya, ya kewaye ka, shi ke nan. Ko bayan shekara biyar ka dawo zai ce, "Ka yi tumbi, sai na ƙara yatsa uku." In talaka ya kawo yadi ya ce a yi masa babbar riga irin ta manya, sai ya ce, "Kai za ka sa ta ko ita za ta sa ka?" Ragowar yadi kuwa, ko kamar tafin hannu ce, sai ya ninke ya cusa a aljihun rigar. Mutane suna dariya, wai me za su yi da shi. Sai ya ce, "Ka zubar da hannunka. Ni ba zan zubar maka ba."

Sunan mahaifinsa aka sa min, don haka bai taɓa kama sunana ba. Babana yake ce min. Ko duka zai yi min ina yaro, cewa yake, "Babana, zo in ci mutuncinka."

Shekarar da jirgin ƙasa ya fara shigowa Gombe, ba a daɗe da samun mulkin kai ba, ya je sharar gonarsa ta auduga wajen Barunde, lokacin nan duk daji ne. Kububuwa ta sare shi a ƙafar dama. Ya zare mazagin wandonsa ya ɗaure tam, aka ɗauko shi a jaki. Kwana tara ana na gida, ana shafe-shafe ana jiƙe-jiƙe, ƙafa tana baƙi. Da warin ya hana mutane shiga ɗaki aka kai shi asibiti. Likita ya ce ko ƙafa ko rai.

Kafin a shiga da shi ya riƙe hannuna. Lokacin ina da shekara ashirin da bakwai, ina lebura a aikin layin dogo, ba yaro ba ne ni balle in ce yarinta ce. Ya ce, "Babana, kada ka bari a jefa ta a shara. Ka karɓa, ka naɗe a farin ƙyalle, ka kai maƙabarta. Ka miƙar da ita sosai, ka dubar da ita gabas. Ka sa alama, don nan zan same ta."

Na ce to.

Aka miƙo min ita wajen azahar, daga ƙasan gwiwa. Na ɗaure a bayan kekena na hawa tare da fartanya. Zafin bazara ne, irin wanda ake jiran ruwan farko. Kafin in kai rabin hanya warin ya keto ƙyallen, ƙudaje suka biyo ni kamar na ɗauko kayan mahauta. Da na doso ƙofar maƙabarta sai na tarar an kawo gawa, jama'a cike. A cikinsu har da mahaifin yarinyar da nake nema, wadda ita ce uwar 'ya'yana yanzu. Na ga zan ratsa mutanen nan da ƙudaje a bayana, kowa ya toshe hanci ya juyo. Ban tsaya ba. Na sunkuyar da kai na wuce.

Wannan ne duk dalilin. Na juya shi shekara goma sha shida ban samo wanda ya fi shi ba. Kunya ce ta surukin da ko kallona bai yi ba.

Na yi ta tafiya har bakin kwarin da ke hanyar gona. Ƙasa kamar dutse, fartanya tana tsalle. Na haƙa iya abin da na iya, ramin ya yi gajere. Na cusa, ta ƙi shiga. Na sa dunduniya na danna. Na ji yatsun sun lanƙwashe ƙarƙashi. Na tura ƙasa, na aza duwatsu, na ce gobe da sassafe zan dawo da diga in mai da ita inda aka ce.

Da la'asar sakaliya ruwan farko ya sauko, irin mai cire kwano. Washegari na koma. Babu duwatsu, babu rami, gaɓar ma ta zube gaba ɗaya. Duk wanda ya san kwarin Gombe ya san abin da yake yi in ya ɗauko ruwa. Na bi yashi har rana ta take, ban ga ko zaren ƙyallen ba.

Kwana huɗu da yankewa na je gaishe shi. Ya ce, "Babana, janye min bargon nan, ya danne min yatsu." Na janye daga ƙafar hagu. Ya ce, "Ba wannan ba. Ɗayar."

Na dubi gadon. Daga gwiwa zuwa ƙasa babu komai sai zanin gado a shimfiɗe. Ya bi idona, shi ma ya gani. Can ya ce, "Wallahi ina jin ta. Yatsun a naɗe suke, sun shige ƙarƙashi, kamar an cusa ta a takalmin yaro. Ka dai miƙar da ita sosai ko?"

Na ce, "Na miƙar, Bappa."

Na tashi na fita.

Da ya fara tafiya da sanda ya ce in nuna masa wurin. Na riga shi zuwa da kwana ɗaya, na zaɓi gindin dogonyaron nan da babu kabari, na jera duwatsu. Ya tsaya a kai ya daɗe. Ya ce, "Ka iya zaɓe. Akwai inuwa." Ya kira mai gadin maƙabarta ya ce a bar masa gefen. Tun daga nan duk Juma'a sai ya biya, ya cire ciyawa, ya gyara duwatsun da sandarsa.

Ƙafar kuwa ba ta bar shi ba. Wata rana ƙaiƙayi a tsakiyar tafi, ya kai hannu ya damƙi iska. Wata rana zafi kamar ya taka garwashi. Mafi muni shi ne in yatsun suka murɗe, sai ka ga gumi na tsattsafo masa a goshi yana cizon hularsa. In hadari zai haɗu shi yake fara sani, sai ya ce wa Inna, "Kwashe shanyarki, 'yar dama ta yi magana." Sau ɗaya aka yi sallama ya miƙe daga tabarma da sauri, ya manta, ya taka da ita. Haƙorinsa na gaba nan ya tafi.

In yana alwala, bayan ya gama abin da ya wajaba, sai ya karkata buta ya zuba ruwa a fili, daidai inda tafin ƙafar zai kasance. Wani malami ya gani ya ce, "Malam Tela, ai wannan ta faɗi a kanka, shari'a ba ta ɗora maka ba." Ya ce, "Na sani, Allah gafarta Malam. Ba don shari'a nake ba. Zafi take ji."

Mutane ba su rasa abin faɗi ba. Wasu suka ce iska, wasu suka ce sammu. Wanzami ya yi ƙaho a dungulmin, an sha rubutu, an yi turare har bangon ɗaki ya yi baƙi. Sai wata tsohuwa ta ce wa Inna ai an san wannan tun zamanin kakanni: in an binne gaɓa a karkace, mai ita ba ya samun barci sai an tono an gyara mata kwanciya. Inna ta kawo maganar ina zaune muna cin tuwo.

Bappa ko ɗagowa bai yi ba. Ya ce, "Babana ne ya binne. Ba a bin bayan aikinsa."

Da ya zage ni a ranar nan da na fi samun sauƙi.

Asibiti ma sun yi nasu. Sun koya wa Inna ɗaure dungulmin da bandeji tam. Sun ba shi 'yar gudumar katako, wai ya riƙa bubbuga bakin wurin safe da yamma har jijiyar ta gaji ta yi shiru. Sun yi allura a wurin, ya samu kwana biyu. Daga baya suka ce jijiyar da aka yanke ta yi ƙulli kamar gyaɗa, suka sake buɗewa suka cire. Ya samu wata uku yana cewa alhamdu lillahi, sannan abu ya dawo yadda yake. An kai shi Kano an auna masa ƙafar katako. Yana sa ta in zai fita, kuma in tafin ya yi ƙaiƙayi sai ya sosa katakon yana kallo, ya ce yana ragewa. Muna dariya, shi ma yana yi.

Maganin da ya fi yi masa, da kansa ya gano. Ya koyi taka keke da hagu. Wata rana yatsun suka murɗe yana tsakiyar ɗinki, ga mai riga a tsaye, bai samu damar tsayawa ba. Ya ce sai ya ji ta daman ta hau matakin ita ma, kamar da, tana takawa tare da 'yar uwarta. Suna tafiya suna tafiya, yatsun suka ɗan saki. Tun daga nan in ciwon ya taso sai ya zare zare, ya ɗage allura, ya yi ta taka keke babu yadi. In ka wuce zauren ka ji ƙarar ta yi sauri babu tsayawa, ba ɗinki ba ne. Mu na gida mun sani, ba ma shiga.

Bayan yaƙin basasa guragu suka yi yawa a gari, aka kawo wani likita Ba'indiye da yake duba irinsu. Ni na kai Bappa. Malamin asibiti yana fassara. Likitan ya ce wannan ba hauka ba ne ba kuma iska ba, kusan duk wanda aka yanke wa gaɓa yana jin ta. Ya ce jijiyoyi su ne masu kai saƙo daga jiki zuwa ƙwaƙwalwa, kuma a ƙwaƙwalwa kowace gaɓa tana da wurinta. Wuƙa ta cire ƙafa amma ba ta kai can ba. Wurin yana nan yana jiran saƙo, guntun jijiyar da ya rage kuma yana aika na banza, shi kuma yana karɓa a matsayin na ƙafa.

Bappa ya gyaɗa kai. Ya ce wa malamin, "Gaya masa na gane. An yanke yadi, awon yana nan a kai. Da ƙafa biyu aka auna ni."

Likitan ya yi dariya sosai da aka fassara masa. Da ya ji zancen keke ya ce a ci gaba, shi ba shi da abin da ya fi wannan, kuma kada a yarda a sake yanka.

Ni kuwa na daure na ce a tambaye shi, in an binne gaɓa a karkace fa? Bappa ya harare ni, wai ina tayar da zancen tsofaffin mata. Likitan ya ce a garinsu ƙonawa ake yi, kuma suna ji. Sojan da nakiya ta watsa ƙafarsa ba a tsinci komai ba, shi ma yana ji. Sannan ya tambayi Bappa yadda yatsun suke kafin a yanke. Bappa ya yi tunani ya ce a naɗe, kumburi ya lanƙwashe su kwana tara. Likitan ya buɗe hannu. Ya ce sau da yawa yadda gaɓa ta sha wahala a ƙarshe, haka ƙwaƙwalwa take riƙe ta.

Na ji da kunnena. Zuciyata ba ta karɓa ba. Likita bai ji abin da dunduniyata ta ji ba.

A lokacin ne tsohon sojan nan ya kama haya kusa da mu. Hannun hagu ya bari a can fagen yaƙi, daga gwiwar hannu. Ba ya magana da kowa, burukutu safe da rana, matarsa tana zuwa wurin Inna tana kuka wai ya fara taɓuwa, yana faɗa da abin da babu. Bappa ya ɗauki sanda ya tsallaka. Ya same shi a bakin ƙofa ya tsaya a kansa, ko gaisuwa babu.

"Soja, hannun naka a dunƙule yake ko a buɗe?"

Mutumin ya ɗago ya daɗe yana kallonsa. Sai ya ce, "A dunƙule, Baba. Farce yana shiga tafina. Ban gaya wa kowa ba, kada a kai ni gidan mahaukata."

"To in za a kai ka sai a biya a ɗauke ni. Tashi mu je zaure. Ni da kai in aka haɗa mu za a samu mutum guda har da ragowa."

Ya zaunar da shi gaban keke, ya ce ya juya da hannun dama, ya ɗora wancan a kan yadi ya riƙa turawa. Ba zan ce ya warke ba. Wata rana ya saki, wata rana ya ƙi. Amma ya rage sha, ya zama shi ne mai guga a zauren, kuma shekara bakwai kullum da safe tambayarsu ɗaya ce. "Yaya naka ya kwana?" "Da sauƙi, Baba. Taka fa?" "Tana nan da rashin kunyarta."

Da kuɗin mai ya shigo aka jawo lantarki unguwarmu, ƙanina ya sayo injin da ake ɗaura wa keke. Da kyakkyawar niyya ya yi. Ya bari Bappa ya tafi masallacin Juma'a, ya kawo makaniki aka cire bel da mataki aka ɗaura inji. Bappa ya dawo ya zauna, ya kai ƙafa ƙasa bai ji komai ba. Ya leƙa.

"Likita ya yanka sau biyu. Kai ka cika na uku."

"Baba, zamani ya canja. Kowa yana hutawa. Mutane suna zagina, wai na bar ka kana taka keke da ƙafa ɗaya."

"Da biyu nake takawa. Kai ne kake ganin ɗaya."

Kwana uku bai taɓa abincin da aka kawo daga gidan ƙanina ba. A na huɗu ƙanina ya zo da kayan ofis a jikinsa, ya durƙusa a ƙasa ya mayar da matakin da hannunsa. Bappa ya taka ya ji, ya ce, "Injin naka ka ba Soja, ko zai yi masa fanka."

Ni yanzu tipa nake ja. Kowa gini yake, yashi muke kwasa dare da rana, kuma daga kwarin nan muke kwasa. Ban taɓa juye lodi ban sauko na duba ba. Leburori suna zaton tsakuwa nake dubawa.

Bana da damina ƙirji ya kama shi, ya kasa zaman keke. Da keke ya tafi ciwon ya dawo da ƙarfinsa, babu abin da zai kore shi da shi. Wata la'asar ya aika aka kira ni. Yana kwance a tabarma a inuwar ɗaki, ya rame har ban so kallonsa. Ya ce, "Babana, ka san wurin. Ka tsaya da kanka. A haɗa ni da ita, ko na samu ta yi shiru."

Ban shirya ba. Bakina ne ya buɗe. Na faɗa masa duka, ƙudaje, suruki, fartanya, ruwa, duwatsun da na jera. Ina magana ina kallon tabarma.

Ya saurara har na gama. Sannan ya ce, "A naɗe ka sa ta?"

"A naɗe."

"Da me ka danna?"

"Da dunduniya."

Ya rufe ido. "Shekara goma sha shida ina cire wa ƙasar banza ciyawa. Kana tsaye kana kallona."

"Bappa, likita ya ce..."

"Kada ka kawo min likita. Kai na aika, ba likita ba. Tashi ka ba ni wuri, kai."

Kai ya ce. Tunda aka haife ni bai taɓa ce min haka tsirara ba.

Kwana biyar ina zuwa, in na yi sallama sai ya juya wa bango. Inna tana tambayata me ya haɗa mu, na ce babu komai. A na shida Soja ya zo har inda muke lodi ya ce Baba yana nemana. Na same shi jiƙe da gumi, hula a baki. Ya cire ta ya nuna ƙarshen tabarma da haɓa.

"Zauna can. Ba nan ba, matsa. Nan take. Kai ka naɗe su, kai za ka miƙe su."

Na durƙusa. Ban san yadda zan yi ba. Ya sa aka tokare masa kai da matashi don ya gani. Na kai hannu biyu inda babu komai, na tallafo kamar na riƙe dunduniya.

"Sama kaɗan. Yawwa. Fara da babban."

Na kama iska da yatsa biyu na ja a hankali. Yana kallon hannuna bai ƙifta ba. "Na biye. A hankali, ɗan banza, ba ƙusa kake cirewa ba." Na bi su ɗaya bayan ɗaya har ƙaramin. Da na gama na shafa tafin daga dunduniya zuwa sama, kamar yadda ake lallashin yaro. Ban ga komai ba don hawaye.

Ya sauke numfashi mai tsawo. Ya ce, "Sun ɗan miƙe."

Ban sani ba ko gaske ne ko don ni ya faɗa. Na san dai ya saki hular. Kullum bayan la'asar sai na zo na yi, har kwana goma sha ɗaya. Wata rana ya ce ya yi, wata rana ya ce yau ta ƙi.

Ana gobe zai rasu ya ce, "Babana." Na amsa. Ya ce, "A sa ni can ɗin dai. Na saba da wurin, akwai inuwa. In an haƙa ba a ga komai ba, kada ka bari a yi min ƙarya a kai. Guda ɗaya ta isa. Ka faɗa da kanka."

Ban faɗa a bakin ramin ba. Tsoro ya sake kama ni, irin na wancan karon, a ƙofar maƙabarta guda. Sai da na ga mutum yana ɗibar ƙasa sannan na ɗauki biro.

Jiya na gaya wa Inna. Ta daɗe tana jan carbi, sannan ta ce, "Da ya bari an tona tun lokacin, da kun huta ku biyun." Ba ta ƙara ba, ba ta kuma kore ni ba. Ƙanina, kai ban iya tsayawa gabanka ba, shi ya sa za a karanta wannan ranar sadakar arba'in kana zaune. Ƙyallen yana wurinka, babu abin da za a naɗe a ciki, ni na jawo. Abin da ka ga dama ka yi da ni.

Masu ɗibar ƙasa, ku bar ta, babu magani a ciki. Bappa ba waliyyi ba ne. Tela ne da ya sha ciwo shekara goma sha shida bai ci ragowar yadin kowa ba. In kuna da wanda aka yanke wa hannu ko ƙafa, ya ce muku yana jin ta, kada ku kai shi wurin masu iska kuma kada ku yi masa dariya. Ku tambaye shi yaya ta kwana.

Ni na zuba ruwa da aka yi masa wanka. Da aka gama da ƙafar hagu na karkata buta na zuba a filin da ke gefenta. Liman ya dube ni. Ni kuma na shiga kabarin na karɓe shi. Wajen ƙafar dama likkafanin ya naɗe, don babu abin da zai riƙe shi. Ana ce min in fito a jera itace, na ce a dakata. Na durƙusa na miƙar da shi sosai, na dubar da shi gabas.

Allah ya yafe masa, ya sanyaya masa inda yake kwance. Ranar da za a tashe mu, Allah ya tashe shi a kan ƙafafunsa biyu, yatsu a miƙe.